Dutsen da Ya Rasa Kusurwa

A Zango, ƙarƙashin dalbejiya,
kawu Mutari ya miƙo mini littafi,
gara ta cinye rabin bangonsa.
Ya ce, buɗe inda na lanƙwasa.

Hoton dutse ne daga daular Rum,
lokacin da ƙafafunta suka fara rawa,
sarki biyu, wani sa'in uku,
kowa na buga kuɗi da fuskarsa.

An sassaƙa muƙaman mutum ɗaya, layi bisa layi:
magatakarda a ɗakin haraji,
mai ƙirga buhunan alkama a bakin teku,
gwamnan wani lardi da bai iya gaisuwarsu ba,
jakadan da ya kai wa maƙiya zinariya
don ya sayo wa birni barcin shekara guda,
daga nan hannun daman sarki,
har aka raɗa wa shekara sunansa.

To sunan fa?
Kusurwar nan ce ta guntule.

Kawu ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.
Ya ce, ni da hatimi na fara, a Magarya,
tawada har gwiwar hannu.
Gure, Tanut, sannan Yamai,
mota da tuta, da mai buɗe mini ƙofa.
Bisa kaina ƙusa ɗaya ce a bango,
hoto huɗu na rataya mata,
huɗun kuma ni na sauke.
Ƙusar ba ta taɓa tambayata ba.

Ya ce, mutumin nan na san shi.
Na san yadda yake kwana da takalmi a kusa,
yadda yake auna murmushin manzo
kafin ya karɓi wasiƙa.
Na san ya ga ana kwashe fada zuwa wani gari,
kamar yadda aka kwashe ta daga nan,
aka bar mana duwatsu da labari.

Sai ga mai ga-ruwa da kurarsa.
Tsoho, jarka nawa?
Kawu ya laluba aljihu, ya ce biyu.
Da yaron ya wuce, ya rage murya:
takardar famfon unguwar nan,
ni na sa mata hannu.

La'asar ta sauka kan duwatsun Birni,
manya, masu santsi, ba a rubuta musu kome ba.
Awaki na hawa suna sauka.