Gurbi a Gefen Ƙofa

Mu shida muka taru a bakin kasuwar Abeshe,
bayan la'asar, rana ta ɗan yi sauƙi.
Malam Bishara, da 'yar sandarsa ta kanya,
ya karɓi jaka-jaka, ya ƙirga sau biyu,
ya ce, "Ku biyo ni, amma ban da gaggawa."

Tsohon malamin makaranta ne da ya ajiye alli.
Larabci yake da 'yan gari, Faransanci da baƙi,
ni kuwa da ya ji harshena sai ya yi dariya:
"Hausata wajen mahauta na tsince ta,
in na karya, sai ka taya ni ɗorawa."

Muka baro majema da warin fatunsu,
muka kutsa lungun da jaki ɗaya ya ishe shi.
Nan, in ji shi, fataken Tarabulus ke sauka
da sukari da shayi da takarda,
su juya da gashin jimina da hauren giwa.

Ga bangon jan bulo ya tsage biyu,
ga rijiya an toshe ta da tayar mota,
ga zauren da yanzu ake cajin waya.
Wata Baturiya na ta ɗaukar hoto,
ni takalmina ya soma cizo,
ina ta da-na-sanin kuɗin da na yi saurin bayarwa.

Sai ya tsaya a wata ƙofa marar ƙyaure.
Bai ɗaga sanda ba, yatsa ya miƙa.
A gefen dama, daidai kafaɗar mutum,
ga wani gurbi siriri, a ɗan karkace,
tsawonsa bai kai taƙi ba,
zanzaro ya yi ɗaki a ciki, yana kai da kawowa.

"Nan Rahmin ya zauna, Bayahude, mai gyaran sikeli.
Ba ya cikin littafi, kada ku wahala.
Kakata Ashta ce ta ba ni labari,
shekararta tara a lokacin,
kun kuwa san tsufa da ƙari da ragewa.

"Ta ce a gurbin nan yake ajiye rubutu,
kamar laya, amma ta gida, ba ta wuya ba.
In zai fita ya taɓa, ya sumbaci yatsa,
in ya dawo ma haka, ko da kaya a kansa,
yara na laɓe suna kwaikwayawa.

"Ran Asabar ba ya hura wuta.
Ita ke shiga da garwashi a kasko,
bai aike ta ba, bai roƙe ta ba,
sai dai ta tarar da dabino uku a taga.
Ran Juma'a shi ke tsare wa maƙwabta shago,
har a sauko, ko allura ba ta ɓacewa."

Wani saurayi ya ce, "To, ina ya tafi?"
Malam Bishara ya juya tafin hannu.
"Wasu sun ce arewa, da ayarin ƙarshe,
wasu sun ce zazzaɓi, wata damina.
Ita dai ta zo da wutarta wata Asabar,
gurbi fanko, sallama uku, ba mai amsawa."

Muka yi tsit. Akuya ta fito ta ratsa mu.
Matar gidan ta leƙo da kwano a hannu,
ta saba da mu, ta ce sannu, ta koma wankewa.

Ni ma kakana ta garin nan ya bi da ƙafa,
zai je Makka, guzuri ya ƙare,
ya shekara biyu yana ɗinkin hula.
Ban san lungunsa ba, ban san ƙofarsa ba,
bai bar ko ramin ƙusa ba da zan nuna wa kowa.

Da aka yi gaba sai na ja baya.
Na sa yatsa a gurbin, ƙasa ce mai ɗumi.
Zanzaron ya fito ya kewaya kaina.
Daga kwana na ji sanda na bugun bango:
"Bahaushe! Saura gidan alƙali, magariba na matsowa."