Mai Makullan Dogo

Ni na san shi tun yana rami.
Kafin a kira shi Dogo, kafin gilashi,
yashi ne daga Gulbi a bayan jakuna,
da tsakuwa, da siminti mai cin tafin hannu.
Shekarata sha shida, kwanon kwaɓi a ka,
ladan wuni bai sayen takalmi.

Mai zanen ya zo da takarda shuɗiya.
Bai jin Hausa, bai cin tuwonmu,
amma ya san rana:
ya yi wa kowace taga gira ta kankare
don kada azahar ta shiga ofis ba sallama.
Tsofaffi suka ɗaga kai har huluna suka zube,
suka ce, mu da ruwa ya koro daga kwari
muka hau tudu,
yanzu tudun ma sai an yi masa ƙari?

Gyaɗa ce ta biya.
Hawa bakwai, kowane da daminarsa.
Akwatin da ke ɗaga mutane muka sa wa suna Guga,
tunda igiya ke jan sa sama da ƙasa.
Alhaji Ma'azu ya leƙa ciki, ya ja da baya,
ya ce ba mai zura shi rijiya da ransa.
Da ƙafa ya hau, yana haki, yana ƙirga riba.

A hawa na biyar Hajo ke buga keken rubutu,
ƙararsa kamar yayyafi a kan kwano.
Daga tagarta ana ganin hanyar Ɗan Isa,
motoci sun yi jerin gwano zuwa iyaka.
Na taɓa kai mata shayi har sau uku a rana ɗaya.
Ta auri wani mai aikin kwastan.

Sai fari.
Gawo da damina yake zubar da ganye,
shi Dogo da fari ya zubar da mutane,
daga sama ya fara.
Na bakwai ya rufe, na shida ya bi.
Kowa zai tafi sai ya miƙo mini makulli,
ya ce, riƙe, Tsahiru, kafin mu dawo.
Arba'in da ɗaya ne a ɗamarata yau,
in ina tafiya, kamar akuya mai ƙararrawa.

Guga ya tsaya tsakanin na uku da na huɗu
wata Talata da wuta ta ɗauke.
Mun ciro mutane. Lemar wani tana ciki har yanzu.

Yau ƙasa ta masu canji ce, naira da sefa,
da yara masu fiɗar cikin waya.
Tsakiya ta kurciya, sama ta jemagu,
bisa rufi an dasa ƙarfen sadarwa
yana kwasar gaisuwar gari duka,
bai amsa ko ɗaya.

Shekaranjiya wata ɗaliba ta zo,
Baraka, da igiyar awo da littafi.
Ta shafa bango kamar mai duba zazzaɓi,
ta ce, Baba, wannan gado ne.
Na yi dariya. Gado na sani gona ce,
ko rumbu, ko bashi.
Amma na kai ta bayan matakala,
inda Ɗan Jimo ya dafa ɗanyen siminti
sati guda kafin katako ya karye da shi.
Yatsu biyar, ƙaramin ya ɗan karkace.

Ta sa hannunta a ciki. Ya fi nata girma.
Ta tambayi shekarar, ban riƙe ba.
Na dai ce mata da Ɗ ake rubuta sunansa,
mai lanƙwasa,
kuma ɗan Tibiri ne, yana son rake.