Bencin Baba Tanimu

Jiya aka ɗora ni a kujerarsa a Farin Gada.
Ba kujera ba ce ma, benci ne mai ƙafa uku,
ta huɗun bulo ne aka tokara.
Na zauna, ya yi ƙara,
kamar ya san ba mai shi ba ne.

Shekara goma sha ɗaya ina riƙe masa littafi,
ni ke rubutawa, shi ke tunawa.

Da asuba, sanyin Jos na tsaga leɓe,
motocin Mangu da Bokkos na sauke buhuna,
kabeji, karas, dankali da jar ƙasa a jikinsa,
shi ke fara isowa
da suwaitarsa mai huda a gwiwar hannu.
Ba ya kurɓar shayi sai 'yan dako sun sha nasu.
Na tambaye shi dalili,
ya ce, "Ni a zaune zan wuni. Su fa?"

Kuɗin ƙungiya na cikin gwangwanin madara,
nasa na aljihun hagu.
Ranar da aka kwantar da matarsa a asibiti
na ce, "Baba, ɗauki aro, wa zai sani?"
Ya dube ni har na ji kunyar bakina.
Kekensa ya sayar.
Daga Rikkos yake takowa har damina ta wuce.

Sallau, ɗan ƙanwarsa,
ya jera ruɓaɓɓen tumatir a gindin kwando,
ya yi masa lulluɓi da jajaye masu sheƙi.
Tarar kowa dubu biyu ce.
Ya ce Sallau huɗu zai biya:
"Biyu na kwando,
biyu na sunana da ka tura ƙasa cikin ruɓaɓɓun."
Ƙanwar ba ta leƙa gidansa ba har sallah biyu.

Kada ku ce labarin waliyyi nake ba ku.
Yana da faɗa, yana da riƙo.
Wata uku bai amsa gaisuwar Ɗanlami ba
a kan solo biyu na attaruhu,
ashe kunnensa ne ya ji ba daidai ba.
Da ya gane, har rumfa ya same shi,
gaban yara, gaban masu ciniki,
ya ce, "Na zalunce ka. Yafe mini."
Muryarsa na rawa, amma bai rage ta ba.

Shekarar da gari ya rikice,
hayaƙi ya tashi ta bayan gada,
Ngo Kaneng ta gudu da takalmi ɗaya,
ta bar buhu arba'in na dankali.
Wasu matasa suka ce ganima ce.
Bai yi musu wa'azi ba,
tabarma ya shimfiɗa a kan buhunan,
ya kwana uku a nan, da tari, da carbi.
Da dankali ya fara tsiro ya sayar,
ya ce in rubuta har kuɗin igiya.
Bayan wata biyu ta dawo, ta rame.
Ya ƙirga mata, ta karɓa ta sake ƙirgawa.
Na ji haushi. Shi bai ji ba.
Ya ce, "Ƙirga da kyau, guminki ne."

Yau da safe wani ya kawo mini ambulan,
yana son rumfar bakin titi,
wadda layin Iya Talle ya kai kanta tun bara.
Ambulan na da kauri, kuɗin makarantar yarana na jira.
Ba zan ɓoye ba, hannuna ya motsa.

Sai bencin ya sake yin ƙara.

An ce a sayo mini kujera mai juyawa,
na ce a bar bulon inda yake tukuna.
Ga shayina can yana hucewa,
saura 'yan dako uku ba su sha ba.