Darasin Laraba a Dukku

Ran Laraba na rataye taswira a allo,
gara ta riga ta cinye mata kusurwa.
Na ce: ga wata ƙasa can gabas mai nisa,
ciyawa zalla, ba kuka, ba tsamiya,
sai sama da ta kife a kanta kamar ƙwarya.

Mutanenta ba su kwaɓa ƙasar gini ba.
Tantin gashin tumaki, a naɗe, a ɗaure, a tashi.
Nonon goɗiya ne furarsu.
Da ƙaho da jijiya suke haɗa baka,
doki na sukuwa, su waiga su saki kibiya.
Sarakunan birni suka yi ta ɗaga ganuwa,
suna aika alharini da hatsi
don a bar su su runtsa.
Daula ta kama kamar gobarar daji,
kaka ya tara, jikoki su yi watanda,
sai toka, sai sabon toho, sai wata zuriya.

Gidado na can baya, jikin taga,
yaron da rajista ke nema da rani a rasa.
Ya ɗaga hannu, karonsa na farko:
"Malam, wa ya rubuta labarinsu?"

Na dubi littafi. Na juya alli.
Na ce: yawanci waɗanda suka ƙone wa rumbu.

"Shi ya sa," in ji shi.
"Kakana Bappayo ya san mashaya goma sha bakwai
daga nan har bakin Gongola,
kowace da sunanta, kowace da halinta.
Ran da aka kai shi kotu kan burtali,
takarda ta ce: wani makiyayi."

Aji ya yi tsit.
Bayan katanga garke na wucewa,
ƙaho na gugar ƙaho.

Na so in ce masa an tone kaburburansu,
an sami mutum kwance da dokinsa,
da barewar zinariya ta naɗe ƙafafu,
ƙasa ta adana abin da tawada ta ƙi.
Sai aka buga ƙarfen tashi.

A bakin ƙofa ya tsaya, jaka a kafaɗa:
"To in ruwa ya janye, ina suke shayarwa?"

Shekara goma sha tara ina koyar da babin nan.
Na san yaƙe-yaƙensu har da shekaru.
Ban taɓa tambayar rijiya ba.