Kafin Miya Ta Huce

A Porto, saman gidan burodi, muke da ofis,
ɗaki biyu, taga ɗaya mai kallon kogin Douro.
Ni ba na rubutu. Wasu ke rubutawa,
ni kuwa in shimfiɗa wa kalmomi tabarma a shafi,
in ce ke zauna nan, ke matsa can,
sannan in tsamo jimla ɗaya daga cikin taro,
in kumbura ta, in shafa mata jan tawada,
in tsayar da ita a tsakiya
ta tare idon mai sauri.

Mai karatu ba ya sallama, leƙe yake yi.
Yana tsaye a tasha, jirgi na tahowa,
yatsa ya riga ya kama kunnen shafi.
Daƙiƙa uku gare ni in riƙe masa riga.

Daren Talata Anselmo ya miƙo mini hira, kalma dubu uku,
da wata mai ɗinkin koma a Afurada,
Dona Ermelinda, shekara tamanin da ɗaya.
Na bi ta da fensir kamar mai tsintar shinkafa,
sai dai ni tsakuwar nake nema, mai ƙyalli.
Shafi na huɗu, can ƙasa, ga ta a raɓe:

“Teku bai taɓa yi mini alkawari ba,
shi ya sa ban taɓa fushi da shi ba.”

Na ajiye fensir. Burodin asuba ya soma ƙamshi.
Ashe jimlar tana da ƙanwa riƙe da gefen zanenta:

“Da Hilário nake fushi.
Shi ya ce zai dawo kafin miya ta huce.”

Na gwada su tare. Na rage girman harafi,
na matse tazara, na ture hoton hannuwanta gefe,
shafi ya cushe kamar taragon safiya.
Anselmo ya leƙo ta kafaɗata, kofi a hannu:
“Ɗaya, Benedita. Wadda aka tsamo ba ta zuwa da dangi.”
Sai na bar ƙanwar inda na same ta,
cikin ƙananan haruffa, inda sai mai haƙuri ke kaiwa.

Mujalla ta fito, jimla ta yi ƙafa.
Wani mai gidan abinci a Ribeira
ya rubuta ta da alli a baƙin allonsa,
tsakanin farashin kifi da na dankali.
Kowa na cewa: ga tsohuwa mai hikima,
ga wadda ta yafe.

Ran Lahadi na haye kogi da kwafi biyu.
Na tarar da ita bakin ƙofa, koma a cinya,
tukunya na tafasa a ciki.
Ta goge hannu, ta ɗora tabarau,
ta daɗe tana duban jan rubutun.

“Bakina ne,” in ji ta, “ba na musu.
Amma kin mai da ni waliyyiya, ’yata.
Kin kwashe romo kin bar ƙashi,
alhali ƙashin nake gwaguya shekara arba’in.”

Na buɗe baki in ce yana shafi na huɗu,
na rufe.

Ta jawo almakashin komarta, ta yanke shafin,
ta zare fensirin da ke soke a gashina.
A farin filin da na bari don jimlar ta numfasa,
filin da na yi faɗa da Anselmo a kansa,
nan ta rubuta ƙanwar,
haruffa karkatattu, suna gangarowa kamar masu saukowa tudu,
ta danna sunan Hilário har fensir ya huda takarda.

Ta manna shi jikin firji
da maganaɗisu mai siffar kwale-kwale,
ta ja baya, ta karkata kai, kamar yadda nake yi a ofis.
“Yanzu ya zauna,” ta ce.
Ta ɗauko kwano biyu.
“Ke ma zauna. Miya na hucewa.”