Zafin Kofato

Bidi ya tsaya a turke kamar mai ja da baya daga bakin rijiya,
ƙafafun gaba a miƙe, nauyi duk a kan na baya.
Baba ya ce wani abu ya taka a hanyar Mai'adua.
Na durƙusa na dafa kofaton:
zafi, kamar murfin tukunyar da aka sauke yanzu,
jijiya tana bugawa ƙarƙashin yatsana
kamar mai ƙwanƙwasa ƙofa da tsakar dare.

Mun daɗe muna ganin alamu muna kiran su albarka.
Tozon kitse ya fito a wuya, muka ce ƙoshi ne.
Gashi ya ƙi zuba har damina ta kankama,
ya yi cukus kamar na tunkiya,
bokiti uku ba sa kashe masa ƙishi.
Ba wanda ya tambayi dalili.

Likita Barira ta zo daga Daura a kan babur,
ta ɗebi jini, ta dawo ranar Laraba,
ta zauna a kan turmi ta ce:
Ba a ƙafa ciwon ya fara ba, Malam Lawandi.
Can ƙasan ƙwaƙwalwa akwai ɗan ƙulli
mai aika manzanni cikin jini.
In doki ya tsufa, ƙullin kan tsinke linzami,
aike ya yi yawa, gari ya rikice.
Insulin ya zo ƙofa da kayan sukari, a ƙi buɗewa,
sai ya koma ya gayyato 'yan'uwansa
har su cika jini maƙil.

Ta tsinci kara ta yi zane a ƙasa.
Cikin kofato ƙashi a rataye yake
da siraran ganye saƙe da juna
kamar yatsun hannu biyu.
Su ne ke sakin riƙo, ƙashi ya sunkuya ƙasa.
Ka taɓa jin farce na rabuwa da tsoka?
To, ɗora masa nauyin doki.

Sai ta lissafa abin da za a hana:
gero, dusa, ɗanyar ciyawar farkon damina.
Busasshiyar ma a jiƙa ta, a zubar da ruwan.
A shimfiɗa yashi mai laushi, a sayo ƙanƙara,
a kira mai gyaran kofato,
ga ƙwaya guda kullum da safe.

Baba bai ce uffan ba.
Shekara uku ke nan da Inna ta ɓoye gwangwanin sukari,
tun ranar da asibiti ta auna shi ta yanke hukunci.
Dabinon da aka hana shi
shi yake saya a ɓoye ran kasuwa,
ya zuba a aljihu, ya kai wa Bidi,
ya tsaya yana kallon wani baki na ci a madadinsa.

Yau da asuba na leƙa ta zana.
Tsofaffi biyu a bargar yashi,
ɗaya da shayi salam, ɗaya da jiƙaƙƙiyar ciyawa.
Hannun Baba ya shiga aljihu bisa sabo,
ya daɗe a ciki,
ya fito ba komai.
Bidi ya sansana tafin, ya lasa,
ya ɗaga ƙafar hagu a hankali
ya gwada ƙasa.