Babi na Bakwai

A Kurmi, layin masu littattafai,
na tsinci wani mai jan bango, ya sha hannu:
dabarun kafa hujja,
yadda harshe ke juya zuciya.

Na taya dubu biyu.
Malam Tasi'u bai ce albarka ba.
Ya goge bangon da hannun riga,
ya tambayi lafiyar tsohona,
ya ce, "Wannan ba na kowa ba ne,"
ya tura shi ƙarƙashin buzu.
Shiru.

Dubu biyar na biya, har da godiya.

Cikin adaidaita, wajen Ƙofar Mata,
na buɗe babi na bakwai:
ga gaisuwar, ga buzun, ga shirun.

Washegari na koma da ƙorafi.
"Ban taɓa buɗe shi ba, ɗana.
Amma akwai juzu'i na biyu."

Hannuna ya nufi aljihu.